Yashin da Ya Kashe Motar Gwaji

Ranar Asabar da hantsi aka jawo motar zuwa Ƙanƙara, ɗaure da igiya a bayan tarakta, ɗana Sanusi na riƙe da sitiyari kamar mai rakiyar gawa. Kafin a kwance igiyar gareji ya cika da mutane.

Bari in faɗi ko wace mota ce, saboda wanda bai san ta ba. In damina ta zauna, ƙauyukan da ke tsakanin Faskari da Sabuwa yankewa suke yi daga duniya. Mara lafiya sai a babur, mai naƙuda sai a amalanke. Shi ne ƙungiyar manomanmu ta ɗauko Injiniya Shafa'atu, 'yar garin nan da ta yi karatun inji, ta haɗa motar ɗaukar marasa lafiya mai dogayen ƙafafu, ta gyara mata injin gas. Amma ta ce ba za ta ɗora ɗan Adam a ciki ba sai ta gana wa injin azaba tukuna. A loda buhunan yashi daidai nauyin mutane, a bi da ita ta Ƙetare, a yanka Faskari, a ratsa Daudawa, a faɗa Sabuwa, a juyo. Rairayi, kwazazzabo, tsananin ranar bazara, duk sai ta sha. Kowane noti na injin ta ɗiga masa jan fenti, don in wani ya taɓa a gane. Ni da na ƙare ƙuruciyata ina jan babbar mota daga nan har Agadas da Ikko, ban taɓa ganin an wahalar da inji da gangan don a ga inda zai karaya ba. Na ga hikimar abin kuwa. Kuma da aka zaɓi Sanusi ya zama direban gwajin, har raƙumi na ji ya yi mani kaɗan.

Injiniya ta shiga ƙarƙashin motar da kanta. Ta tsiyaye baƙin man a daro, ta tace shi da farin ƙyalle, ta shimfiɗa ƙyallen a rana. Kowa ya gani. Yashi ne, yana ƙyalli.

"Ta hanci ya shiga?" na tambaye ta, ina nufin ta wajen da inji ke shaƙar iska.

"A'a, Baba. Can tas yake. Da ta can ne, da na ce injina ya faɗi gwaji, in koma in sake aiki. Wannan ta bakin mai ya shiga. Dubi fentin murfi. Dubi na notin ƙasa. Duk an karya."

Wuri ya ɗauki guna-guni. Alhaji Nasir, shugaban ƙungiya, mutum ne mai gaskiya amma wutarsa kusa take. Ya juya kan Sanusi.

"Ba an ce kada ka rabu da motar nan ba?"

"Juma'a na tafi, Alhaji. A Gidan Kalgo na aje ta, bayan gidan Mai Unguwa."

"Da ka dawo ka duba fenti?"

Sanusi ya sunkuyar da kai. Bai duba ba. Sauri yake yi ya isa Sabuwa da sauran rana, yadda hanya ta zama yanzu.

Sai wani daga baya ya ce ai da safen Juma'ar an gan shi a Faskari yana shan shayi da Muttaka bakanike, wanda ya rantse a tasha cewa motar ba za ta ga damina ba. Wani ya ce ga yashi buhu-buhu a bayansa, ba sai ya je nema ba. Magana ta zama ɗaya: an saye Sanusi.

"Ofishin 'yan sanda za a kai shi," in ji Alhaji Nasir. "Guminsu ne talakawa suka tara."

Injiniya ce ta sa baki. Ta ce a ba ta zuwa ranar kasuwa ta gama buɗe injin. Alhaji Nasir ya yarda da ƙyar. Na dubi ɗana. Na san direban da aka ce ya kashe motar marasa lafiya, ko kotu ta sake shi, babu mai sake ba shi ko kurar ruwa a ƙasar nan.

*

Ban koma gida ba, Ƙetare na wuce wajen Malam Gide.

Malam Gide mai bin sawu ne. A da in an kore wa mutum shanu ko an ɗauke masa jaki, shi ake kira, ya sa ƙasa a gaba yana karantawa har ƙofar gidan ɓarawo. Tun da sawu ya koma ƙarewa a dajin da ake amsa sallama da bindiga, ya aje, ya koma saƙar igiya a gindin bishiyar bedinsa. Nan na same shi.

"Alhaji Mas'udu, mi ya koro direba ƙasa?"

Na kwashe duka na faɗa masa. Yana ji, hannunsa bai daina murza rama ba.

"Ni sawun bisashe na sani," ya ce. "Mota ba ta da kofato."

"Wanda ya taɓa ta yana da ƙafa, Malam."

Ya ɗaga kai ya dubi gabas, inda hadari ya fara tara fuska kwana biyun nan.

"In ruwan fari ya riga mu, an shafe allon. Ɗauko mani sandata."

*

A gareji bai ko kalli motar ba. Ƙyallen ya nema. Ya murza yashin a tafin hannu, ya sa aka farke buhu ɗaya daga bayan motar, ya ɗebo nasa ya aje kusa.

"Ɗiyata, zo ki gani. Idona ya fara cin amana."

Injiniya ta ciro wani gilashi mai ƙara girman abu ta duƙa. "Na buhu ja ne, mai tsakuwa. Na cikin inji fari ne, mai laushi."

"Na gulbi," in ji Malam Gide. "Irin wanda mata ka ɗebowa. To, buhu ya fita."

Ya sa Sanusi ya zauna a kan tsohuwar taya, shi ya tsuguna gabansa.

"Wa ya ciyar da kai a Gidan Kalgo?"

"Malam Rabo mai injin markaɗe. Kullum na biyo, gidansa ke aiko da abinci. Mutumin kirki ne, Baba."

"Kun yi hira?"

"Mun yi, da mutanen gari. Suna son jin labarin motar."

"Mi ka ce masu?"

Sanusi ya sosa ƙeya. Ya ce ya ba su labarin giya, da taya, da baƙin man da Injiniya ta sa aka kawo takanas, wanda ba ya tsinkewa komai zafi, injin da ke shan sa ba ya tsufa.

"Ban ce ba ya tsufa ba," in ji Injiniya.

"Na ɗan ƙara gishiri, ranki ya daɗe."

Malam Gide ya dube ni. "Bakin nan a wajen wa ya gado shi?"

Na ce wajen uwarsa. Babu wanda ya yarda.

*

Washegari muka kama hanya da motar haya, ni da Malam Gide. Faskari muka fara sauka. Muttaka na kwance ƙarƙashin wata akori-kura, da ya ji abin da ya kawo mu ya fito yana goge hannu, ransa a ɓace.

"Na ce ba za ta ga damina ba, na faɗa! Haushi na ji, an tsallake mu an ba wa 'yar boko. Amma in kashe inji? Alhaji, kai direba ne, ka taɓa ganin mahauci ya jefa nama a masai?"

"Shayin fa?" na ce.

"Shayi haram ne? Tare muka yi yaron mota da Sanusi. Tsiya na yi masa, ya rama, ya biya wa kansa ma."

Malam Gide ya ce, "Ɗana, da kai za ka kashe ta, ya za ka yi?"

Muttaka ya yi dariyar da ba ta kai ciki ba. "In buɗe murfi, in watsa dunƙule guda, in rufe. Kafin a ce amin na gama. Mi zai kai ni kwance notin ƙasa, in kwanta cikin turɓaya da rana tsaka?" Ya tsaya, ya yamutsa fuska. "Tsaya. An ce an kwance na ƙasa? To wannan ba kisa ya zo yi ba. Notin ƙasa aikinsa ɗaya ne, juye mai."

Na kira Injiniya a waya nan take. Ta ce dama tana shirin nemana. Ta gwada man da ta tsiyaye, ba nata ba ne. Na awo ne, irin wanda ake sayarwa a kwalba a bakin titi. Kuma an cika shi daidai layi, bai ragu ba bai wuce ba, notin ma an ɗaure shi tamau.

Malam Gide ya jinjina kai. "Mai son kashe doki ba ya gyara masa linzami."

A Daudawa muka tarar da wani zargin yana jiran mu. An ce 'yan acaɓa ne, don motar za ta kashe masu kasuwar ɗauko marasa lafiya. Muka nemi shugabansu, Abdulkarim, a inuwar da suke fakawa. Bai ɗaga murya ba.

"Baba, bara da damina ni na ɗauko matar ƙanena a bayan babur, wata ta riƙe ta, jini na zuba. A bakin gulbi muka tsaya jiran ruwa ya janye. Can ta cika. In akwai wanda ya fi ni son motar nan ta yi aiki, a nuna mani shi."

Shi da kansa ya ba mu babura biyu suka kai mu Gidan Kalgo, ya ce kada a karɓi ko sisi.

A hanya muka wuce wasu tsofaffin mata, kowace da roba a ka, suna tafe zuwa Daudawa cikin ranar nan. Malam Gide ya sa aka tsaya, ya gaishe su.

"Iya, ina zuwa da kaya haka?"

"Markaɗe, ɗan nan. Injin Rabo ya ƙi tun jiya. Ya tashi, ya yi ta kuka kamar ana yanka shi, ya mutu."

"Allah shi kyauta," ya ce. Ni a lokacin ban ɗauki abin a bakin komai ba, don injin markaɗe da lalacewa ai tare aka haife su.

*

Wurin da aka aje motar fili ne ƙarƙashin tsamiya, bayan katangar Mai Unguwa. Awaki sun tattake shi, kaji sun tona. Na duba na ce a raina mun yi asarar kuɗin mota.

Malam Gide ya cire takalmi. Ya hana kowa matsowa. Ya zagaya ta inda rana ke bugun ƙasa a karkace, yana tafe yana duƙawa, har na gaji da tsayuwa na zauna. Can ya yafito ni da sanda.

"Ga inda tayoyi suka tsaya. Tsakaninsu an shimfiɗa buhu, ka ga saƙarsa? Mutum ya kwanta da baya, ya tura kansa ciki da dugadugai. Ga ramin dugadugan. Nan ya aje kwano, mai faɗin gindi. Bai zubar da ko ɗigo ba. Hannunsa ya saba."

"Waye?"

"Ƙasa ba ta faɗin suna, Alhaji. Hali take faɗi."

Ya matsa jikin wani shingen ƙaya inda awaki ba su shiga. Ya tsuguna, ya daɗe. Da na leƙa, sai na ga shacin gindin galan a kan ƙasa, mai kusurwa huɗu, da wani tabo kamar ɗan yatsa a gefe guda. Kiyashi sun yi layi sun zagaye shacin, suna ta kai da kawo.

"Kai da ka sha baƙin mai shekara da shekaru," ya ce, "ka taɓa ganin kiyashi sun taru kansa?"

"Gudunsa suke yi."

Ya dangwali ƙasar ya shinshina, ya miƙo mani. Ƙamshin da ya bugi hancina kowane ɗan ƙauye ya san shi tun yana goye. Man gyaɗa.

Muna nan sai ga sallama. Wani mutum ne siriri, mai fara'a, da kwanon fura a hannu. Ya ce shi ne Rabo, ya ji an ce mahaifin Sanusi ya zo, bai kamata mu tsaya da ƙishirwa ba. Ya yi mani jaje har idonsa ya kawo ruwa.

"Wallahi Alhaji, tun da na ji an ce yashi aka zuba, ban runtsa ba. Wane marar imani ne zai zuba wa inji yashi?"

Na rantse har ga Allah da gaske yake. Na yi zama da maƙaryata a tashoshi da yawa, na san muryarsu. Wannan ba ita ba ce. Malam Gide ya sha furar, ya yi godiya, ya yaba damun. Da Rabo ya juya, ya bi dugadugansa da kallo.

"Kira mutanenka," ya ce mani. "Su zo gobe da safe. Ka ce wa ɗiyar nan ta taho da sifanarta." Sannan ya roƙi Mai Unguwa a kifa tukunya a kan shacin, a ɗora dutse.

*

Hadari ya yi ta gurnani bai zubar ba, Allah ya taimake mu. Da safe aka shimfiɗa tabarmi gindin tsamiya. Ga Mai Unguwa, ga Alhaji Nasir yana ta kaɗa ƙafa, ga Injiniya, ga Sanusi a gefe shi kaɗai. Muttaka ya zo, Abdulkarim ya zo, mutanen gari sun kewaye. Rabo ne ma ya kawo ruwan sha.

Malam Gide bai miƙe ba. Daga zaune ya fara, kamar mai ba jikoki labari.

"Wanda ya taɓa motar nan ba maƙiyinta ba ne. Ya bari maza sun tahi masallaci, ya zo da buhu, da kwano, da galan cike da man awo. Ya juye na ciki a kwano. Ya ɗura nasa har layi, don ba ya son motar ta ji ƙishirwa. Ya ɗaure noti da kyau. Sannan ya juye mai kyan a galan ɗin da ya zo da shi, ya tahi. Man motar ya zo ɗauka, don an ce masa injin da ke shan sa ba ya tsuhwa."

Sanusi ya rufe fuska da hannu.

"To yashin fa?" in ji Alhaji Nasir. "Aljani ya zuba?"

"Za mu zo nan, Alhaji." Ya sa aka ɗage tukunya. "Galan ɗin na man gyaɗa ne. Gindinsa ya taɓa fashewa aka liƙe da wuta, ga tabon. Ranka shi daɗe, gida nawa ake matsar mai a garin nan?"

Mai Unguwa ya ce gida ɗaya ne ke yi da yawa har a zuba a galan. Bai dubi kowa ba da ya faɗa.

Sai murya ta fito daga bayan zana, inda mata suka taru suna saurare. Asma'u ce, matar Rabo.

"Mai liƙin nan nawa ne! Tun Juma'a nake cigiyarsa, malam ya ce bai gani ba!"

Rabo ya aje butar da ke hannunsa a hankali, kamar za ta fashe.

"Na ɗauki man," ya ce. "Allah ya gani, na ɗauka. Injina ya tsufa, shi ke ci da mu. Na ce motar ƙungiya ce, in ta koma za a sake mata wani, ba wanda zai cutu. Amma yashi, wallahi tallahi ba ni ba ne! A kawo Alƙur'ani in dafa. Ni da har wanke galan ɗin na yi, don kada maiƙon gyaɗa ya ɓata masu inji!"

"Da mi ka wanke?" in ji Malam Gide, a hankali.

"Yadda kowa ke wankewa mana. Na zuba ruwa da omo, na ɗebi ya…"

Bai ƙarasa ba. Bakinsa ya tsaya a buɗe.

Babu wanda ke wurin da bai taɓa yi ba. Galan in ya yi maiƙo, hannu ba ya shiga, sai a zuba yashi da ruwa a girgiza, a ɗauraye, a kife a rana. Haka muka taso muka ga ana yi.

Aka aika aka ɗauko galan ɗin daga bayan injin markaɗe, inda ya ɓoye shi. Gindinsa ya zauna cikin shacin daram. Injiniya ta karɓa, ta juya shi, ta bubbuga mariƙinsa da sifana a kan farin ƙyalle. Mariƙin galan rami ne, ruwan ɗauraya ba ya wanke shi. Yashi ya zubo, fari, mai laushi.

"Mai ya fi ruwa kauri," ta ce. "Da ya zuba, ya kwaso abin da ya maƙale. Yawancinsa ya tafi cikin motata. Ragowar kuma…"

"Ya tafi cikin injina," in ji Rabo. Ya zame ya zauna a ƙasa. "Da hannuna na kashe su duka biyu."

Daga bayan zana Asma'u ta ce, "Da ka tambaye ni, da na gaya maka sai an jiƙa shi ya kwana!"

Wasu suka fashe da dariya, wasu suka yi salati. Ni ban iya ko ɗaya ba. Ɗana nake kallo. Ya ɗago kai a karon farko tun ranar Asabar.

*

Abin da aka yanke wa Rabo tsakaninsa ne da ƙungiya da Mai Unguwa, kuma ba a kai shi gaba ba. Sanusi da kansa ya roƙa, ya ce ya ci tuwon gidan ba sau ɗaya ba. Muttaka, mai cewa an tsallake su, shi ya kwana uku yana taya Injiniya sauke injin, suna faɗa suna aiki.

Alhaji Nasir ya zo har gida bayan la'asar. Bai aiko ba, da ƙafarsa ya zo. Ya ce a kira Sanusi, ya ce a gaban mutane ya zarge shi, don haka a gaban mutane zai wanke shi, kuma ya yi hakan a tasha ranar kasuwa. Wannan ba ƙaramin abu ba ne ga mai furfura, na kuma riƙe masa shi.

Injiniya ta ce gwaji ya koma farko, duk wahalar baya ta tashi a banza. Na yi mata jaje, ta ce a'a.

"Baba, na gwada shi da zafi, na gwada shi da rairayi, na manta a cikin mutane zai zauna. Gara da aka yi yanzu da buhuna a baya." Ta sa wa murfin mai kwaɗo, ta yi wa notin ƙasa marufi. Sanusi kuma ta kafa masa doka biyu: duba fenti kafin ya tayar, da rage gishiri.

Na kai wa Malam Gide buhun gero da turmin yadi. Ya karɓi geron, ya ce yadin in kai wa Abdulkarim ya ba marayun ƙanensa. Na rasa kalmar da zan yi masa godiya da ita. Mutum ya tsamo maka ɗa daga rijiya, me za ka ce? Na ce Allah ya sa ƙasar da ya yi wa karatu ta yi masa sauƙi ranar da zai kwanta cikinta. Ya ce amin, amma kada in yi gaggawa.

Ranar da aka sake tayar da motar, an yi ruwan fari da asuba, ƙasa ta yi laushi. Muna tsaye ni da shi a bakin hanyar Ƙetare ta zo ta wuce, buhuna a baya, injin na kiɗa lafiya lau, Sanusi ya danna mana oda har sau biyu. Ina ta ɗaga hannu har ta sha kwana. Da na waiwayo, Malam Gide ba motar yake kallo ba. Ya duƙa kan sawun.

"Kira ɗanka," ya ce. "Ƙafar baya ta hagu tana son iska."

Na kira. Na ji motar ta rage gudu ta cikin waya, na ji ya buɗe ƙofa, na ji takunsa a laka.

"Baba," in ji Sanusi, "ka ce wa Malam ƙusa ce. Na gode. Yanzu zan canza."